Shirye-shiryen nishaɗin iyali a talabijin ɗin Birtaniya: tambayoyin da aka ishe ni da su

Tunda gajerun bidiyoyin Britain's Got Talent suka fara yawo a wayoyin mutane nake shan tambaya, wasu daga gida, wasu kuma daga 'yan uwanmu da suka zo Ingila karatu ko aikin asibiti suka taho da iyali, ga sanyi, ga duhu tun ƙarfe huɗu na yamma, yara sun addabe su a falo ba su san me za su kunna musu ba. Na gaji da maimaita magana ɗaya a saƙon murya, shi ne na ce bari in tara su wuri guda, duk wanda ya sake tambaya in turo masa nan kawai in huta.

Wai wane irin shiri ne wannan ɗin ma tukuna?

Dafa-duka ne. Turawan suna ce masa variety, wato abubuwa kala-kala a zama ɗaya. Mawaƙi ya hau ya yi minti huɗu ya sauka, mai barkwanci ya hau, bayansa mai rufa-ido, sai 'yan rawa, sai masu alkafura a sama, sai wata baiwar Allah da ta koya wa karenta tafiya da ƙafa biyu, sai mai 'yar tsana da ke magana alhali bakinsa a rufe. Akwai mutum ɗaya ko biyu masu gabatarwa, su ke riƙe da akalar taron, suna tsokanar jama'a kafin na gaba ya shirya.

Dabarar abin mai sauƙi ce: in wannan bai yi maka ba, yi haƙuri minti biyar wani na tafe. Shi ya sa kaka da jika za su iya zama kujera ɗaya babu mai ƙwace rimot. Wanda ya taɓa ganin fili ranar sallah, 'yan kama nan, 'yan hoto can, gardi da kurarsa a gefe, to ya gane hoton, illa dai nan an sa musu layi da agogo kuma ba a liƙi.

Daga ina abin ya samo asali?

Ya girmi talabijin nesa ba kusa ba. A ƙarni na 19 lokacin Sarauniya Victoria akwai gidajen wasa da ake kira music hall, asalinsu ɗakunan bayan mashaya ne inda leburori da 'yan masana'anta ke zuwa bayan an tashi aiki, a yi waƙa a yi amshi a yi ihu, wanda bai iya ba a kore shi daga dandamali da sowa. Masu kuɗi da farko raina abin suke, har sai 1912 da Sarki George na Biyar ya je ya zauna aka yi masa irin wannan wasa, daga nan ya samu daraja, duba amsar wasan gidan sarauta a ƙasa.

Da BBC ta buɗe talabijin a Alexandra Palace a 1936, waɗannan 'yan wasan su aka kwaso aka sa gaban kyamara don su ne a hannu. Daga baya talabijin ɗin shi ya kashe gidajen wasan da suka haife shi, tunda mutum na iya kallo a gida da wandon barci. Sai kuma kewa ta kama su, BBC ta yi wani shiri The Good Old Days daga 1953 har 1983 a gidan wasa na City Varieties da ke Leeds, inda hatta 'yan kallo sai sun sa kayan zamanin kakanninsu kafin su zauna.

Ina yawan jin London Palladium, me ke cikinsa?

Gidan wasa ne a wani ɗan lungu mai suna Argyll Street, taku kaɗan daga tashar jirgin ƙasa ta Oxford Circus a Landan, an buɗe shi a 1910, yana cin mutum sama da 2,000. Ga ɗan wasan Birtaniya hawa dandamalin nan shi ne alamar ka isa.

Sunansa ya shiga kowane gida ne saboda ITV. Tashar ta fara aiki a Satumban 1955, cikin satin nan kuwa ta ɗora Sunday Night at the London Palladium kai tsaye duk daren Lahadi. Tommy Trinder ya fara gabatarwa, a 1958 aka ba Bruce Forsyth. A tsakiyar shirin akwai wasan da ake ɗebo miji da mata daga cikin 'yan kallo a ba su wani aikin shirme su yi tsere da agogo, a ƙarshe kuma duk waɗanda suka yi wasa su jeru a kan dandamali mai juyawa suna ɗaga wa jama'a hannu. A nan ne mawaƙan Beatles suka fito a Oktoban 1963, 'yan mata suka cika titin da ihu, washegari jaridu suka ɗauka.

Me ya sa duk manyan shirye-shiryen sai Asabar da dare?

Al'ada ce da ta kafu lokacin da babu zaɓi. Har 1964 tasha biyu ce kacal a ƙasar, BBC da ITV, sai BBC2 ta zo, ta huɗu kuwa sai 1982. To ga shi ba aiki washegari, waje sanyi da yayyafi, maigida ya dawo daga kallon ƙwallo, an ci abincin yamma, ina za a je? Sai gaban akwati. Tashoshin biyu suka mai da daren fagen fama, kowacce na jibge mafi tsadar shirinta tsakanin ƙarfe shida zuwa tara.

Yawan masu kallo a lokaci guda har ya kai injiniyoyin wutar lantarki na ƙasar suna bin jadawalin talabijin, don da zarar an tafi talla ko shiri ya ƙare miliyoyin mutane ke miƙewa tare su kunna butar shayi, dole a tanadi ƙarin wuta na wannan mintin. Ni dai ranar da aka fara ba ni labarin nan shiru na yi ina tuna wani wuri.

Wane ne Bruce Forsyth da tsofaffinsu ba sa gajiya da zancensa?

Shi ne uban tafiyar. Yana rawa, yana waƙa, yana kaɗa fiyano, amma babbar baiwarsa iya wasa da talaka a gaban kyamara, ya tsokane ka kowa ya yi dariya kai ma kana dariya ba ka ji an ci maka fuska ba. In ya fito sai ya faɗi rabin gaisuwarsa, ɗakin gaba ɗaya su ƙarasa masa kamar 'yan amshi. Tun yana yaro a 1939 ya fara fitowa a talabijin, Sarauniya ta ba shi sarautar Sir a 2011, ya rasu 2017 yana da shekara 89, kuma a ƙarƙashin dandamalin Palladium aka ajiye tokarsa.

Shirinsa da ya fi nuna ma'anar nishaɗin iyali shi ne The Generation Game wanda BBC ta fara a 1971. Ana kawo mutum biyu 'yan gida ɗaya, babba da ƙarami, uwa da ɗa ko suruki da surukarsa, sai gwani ya fito ya yi abu a gabansu, misali ginin tukunya a kan faifai mai juyawa, cikin minti ɗaya ya gama tsaf, a ce to bismilla ku ma ku yi. Abin da ke biyo baya shi ne dariyar, yumɓu na tsalle yana faɗawa a fuskar mutane. Wanda ya kai ƙarshe a zaunar da shi kaya su riƙa wucewa ta gabansa a kan bel, agogo, tukwane, bargo, da 'yar tsanar dabba mai laushi wadda ba a taɓa rasa ta, duk abin da ya iya tunawa ya faɗa nasa ne.

Na kalli tsofaffin masu barkwancinsu a YouTube, wallahi ban yi dariya ba. Matsalar daga ni ce?

Ba daga kai ba ce. Rabin barkwancin Bature wasa da kalma ne da karin harshe. The Two Ronnies, wato Ronnie Barker da Ronnie Corbett da suka yi shiri a BBC daga 1971 zuwa 1987, suna da wani wasa na 1976 da har yau ake cewa ba a yi kamarsa ba: wani ya shiga shagon kayan ƙarfe yana neman ƙotar cokalin haƙar lambu, mai shago ya ji kamar kyandir huɗu ya ce, don a bakin mutumin kalmomin iri ɗaya suke fita. Ka ga yanzu da na fassara maka ai ya mutu. Kamar ka zauna kana yi wa Bature bayanin wasan da ke tsakanin garin zama da garin tuwo ne.

Eric Morecambe da Ernie Wise sun fi sauƙin shiga don nasu na fuska ne da jiki. Eric dogo mai tabarau, Ernie gajere, sana'arsu su gayyato babban mutum su yi masa wulaƙancin raha. A 1971 suka kawo André Previn, shahararren jagoran makaɗa, Eric ya zauna gaban fiyano ya yi ta kwaɓa, da baƙon ya yi ƙorafi sai ya ci kwalarsa ya ce masa ai duk sautukan daidai yake bugawa, jerin ne kawai ba lallai ya zo daidai ba. Shirinsu na Kirsimetin 1977 adadin da aka fi ambata masa shi ne masu kallo miliyan 28, a ƙasar da mutanenta a lokacin wajen miliyan 56 ne.

Amma in kana so ka fara, fara da Tommy Cooper, za ka gane shi da jar dara a ka, irin dai wadda dattawanmu ke sawa. Ƙaton mutum ne, ya iya rufa-ido na gaske amma da gangan yake ɓata shi, ya tsaya yana zare ido yana dariyar kansa, ba ka buƙatar Turanci. Ƙarshensa akwai ban tausayi: a Afrilun 1984 ana nuna shi kai tsaye a ITV zuciyarsa ta buga ya sulale ƙasa, 'yan kallo suka yi ta dariya sun ɗauka cikin wasan ne. Allah Ya sa mu cika da imani.

Da gaske sarki da kansa yake zuwa kallon irin wannan wasa?

Da gaske. Royal Variety Performance sunansa, sau ɗaya a shekara wajen ƙarshenta, sarki ko wani babba daga gidan sarauta ya zo ya zauna a bene, a yi wasa, in an gama 'yan wasan su jeru ya bi su ɗaya-ɗaya yana ba su hannu. Tun 1960 ake nuna shi a talabijin. Kuɗin tikitin na tafiya ne ga gidauniyar da ke kula da tsofaffin 'yan wasa da ƙarfinsu ya ƙare, har gida gare su a Twickenham mai suna Brinsworth House, abin da ya burge ni ke nan a lamarin fiye da wasan kansa, don mun san yadda mai nishaɗantar da jama'a kan ƙare in tsufa ya zo.

Labarin da aka fi bayarwa na 1963 ne, da John Lennon na Beatles ya ce masu arhar kujera su tafa, sauran kuma su girgiza gwala-gwalansu kawai, ga uwar Sarauniya zaune tana ji.

To Britain's Got Talent fa, yaya tsarinsa yake?

Jikan waɗancan ne da aka sa wa gasa. ITV ta fara shi a 2007, Simon Cowell ne mai shi. Ba ruwansu da shekaru ko irin baiwa. Ka fito gaban alƙalai, kowannensu da jan maɓalli a gabansa, in suka danna duka wasanka ya ƙare nan take, in ka samu e daga mafi yawansu ka wuce. A 2014 aka ƙaro maɓallin zinare, wanda aka danna wa shi ya tsallake kai tsaye zuwa zagayen kusa da ƙarshe, shi ne wanda kuke gani takardu masu ƙyalli na zubowa ana kuka. Daga wannan zagayen kuma jama'ar gida ke zaɓe. Kyautar galibi fam 250,000 ce da kuma damar yin wasa gaban gidan sarauta, kamar yadda na yi bayani a sama.

Na farko da ya ci, Paul Potts, mai sayar da wayar hannu ne a shago. A 2009 Susan Boyle ta fito daga wani ƙauye a Scotland tana da shekara 47, kowa na yatsina fuska, ta buɗe baki ɗakin ya yi tsit, kuma duk da haka ba ita ta ci ba, 'yan rawar Diversity suka doke ta. A 2012 kare ne ya ci, Pudsey, da mai shi Ashleigh, fam 500,000 a shekarar. A 2018 Lee Ridley, wanda ba ya iya magana sai ta na'ura, ya ci da barkwanci. Kuma kada a ɗauka sabon abu ne, tun shekarun 1960 da 1970 Hughie Green ke yin Opportunity Knocks, da wata na'ura wai mai auna ƙarfin tafi, mutanen gida kuma su aiko zaɓinsu ta gidan waya.

Kukan nan da mamakin da alƙalai ke yi, gaskiya ne ko shiri?

Baiwar gaskiya ce, yadda aka jera maka ita kuma aiki ne na ƙwararru. Kafin kowa ya ga su Simon sai ya bi ta hannun masu shirya shirin sun tace shi, wasu ma nemo su ake daga intanet ko daga wasu ƙasashe a gayyato su. Zagayen farko ba kai tsaye ba ne, an ɗauke shi watanni kafin a nuna, an yanka an haɗa, an sa kiɗa mai sosa rai daidai inda mutum ke ba da labarin rasuwar kakarsa. In ka lura da zarar an fara nuna maka gidan mutum da hotunan yarintarsa, to ka san ba za a kore shi ba.

Wani lokacin asiri kan tonu. A 2015 wadda ta ci da karenta Matisse, washegari aka gane cewa wani kare daban ne mai kama da shi ya yi tafiyar kan igiya, mutane suka yi ta kai ƙara sun ce an yaudare su.

Akwai namu 'yan Afirka a ciki?

Sosai ma. Daliso Chaponda ɗan Malawi ya zo na uku a 2017 da barkwanci. A 2023 yaran Ghetto Kids daga Uganda suna cikin rawa ba su ma gama ba alƙali Bruno Tonioli ya danna musu maɓallin zinare. A 2024 Afronitaaa da 'yar ƙaramar Abigail daga Ghana, wadda ba ta ji sosai, suka zo na uku. KSI da ya fara zama kujerar alƙalai a 2025 iyayensa 'yan Najeriya ne. A gasar rawa ta BBC kuma, wato Strictly Come Dancing, Hamza Yassin haifaffen Sudan mai ɗaukar hoton namun daji shi ya ci a 2022, Oti Mabuse 'yar Afirka ta Kudu ta ci sau biyu a jere, 2019 da 2020.

Tsarin kansa ma an saye shi an kai gida, an yi Nigeria's Got Talent a 2012, yarinya 'yar shekara 8 Amarachi Uyanne ta ci naira miliyan 10 da rawa.

Su wane ne mutanen nan biyu da kullum suke bayan labule suna dariya?

Ant da Dec, Anthony McPartlin da Declan Donnelly, 'yan Newcastle, tun suna yara suka haɗu a wani wasan kwaikwayo na BBC. In kana rikita su, Ant ne kullum a hagunka. Nasu shirin, Saturday Night Takeaway, ya yi daga 2002 zuwa 2024 da suka ce za su huta, kuma a ganina shi ya fi kowanne riƙe tsohuwar al'adar: su yi ɓadda kama su je su tsokani wani sananne, su faɗo wa wata iyali a falonsu kai tsaye, wani ɗan kallo ya ci duk kayan da aka tallata.

A ɓangaren BBC akwai Michael McIntyre's Big Show, inda yake karɓar wayar wani babban mutum ya rubuta saƙon shirme ya tura wa duk lambobin da ke ciki, sannan ya dawo yana karanta amsoshin a bainar jama'a. Ka tsaya ka yi tunanin a yi maka haka, saƙo ya je wa surukinka da limamin unguwarku.

Sun ce na iyali ne. Zan iya barin yarana su kalla?

Wannan ita ce tambayar da ta fi yawa, amsar kuma ita ce: na iyali ne da ma'auninsu, ba da namu ba. Suna da ƙa'ida, kafin ƙarfe tara na dare ba a sa ashar mai nauyi ko tsiraici ko zubar da jini, hukumar Ofcom ke sa ido kuma kowa na iya kai mata ƙara. Suna kuwa kaiwa, a 2020 sama da mutum 24,000 suka yi ƙorafi kan wata rawa da Diversity suka yi game da kisan George Floyd, hukumar ta duba ta ce ba a karya doka ba. Amma abin da ke damun Bature daban, abin da ke sa Bahaushe neman rimot daban.

Abubuwan da za ka gani tun kafin taran: shigar 'yan rawa, musamman a Strictly Come Dancing wanda BBC ke yi tun 2004 daga Satumba zuwa Disamba, mace da namiji ana rungume-rungume, kuma tun 2020 sukan haɗa mace da mace ko namiji da namiji. Akwai namiji ya yi shigar mata, wannan tsohuwar al'adar wasansu ce ta lokacin Kirsimeti. Akwai zancen giya kamar ruwa. Sai habaici mai harshen damo, wanda yaro ba zai gane ba amma kai za ka gane kuma ga ka zaune kusa da 'yarka. Ni abin da nake yi ba na barinsu su kaɗai, kuma na fi son in kalla bayan an nuna don in iya tsallake abin da bai yi min ba, duba amsar lasisi don wannan ma da ƙa'idarsa.

Kuma kada in yi rashin adalci, akwai abin kirki. Rose Ayling-Ellis, kurma, ta ci Strictly a 2021, Chris McCausland, makaho, ya ci a 2024, yara na ganin haka suna ɗaukar wani abu. Illarsa a gidana dai ɗaya ce, ƙaramar 'yata ta yayyanka kwalin kayan shayi ta rubuta lambobi 1 zuwa 10 irin na alƙalan, ranar nan mamanta ta kawo tuwo miyar kuka ta ɗanɗana ta yi shiru ta ɗaga 7. Ba a kwashe da daɗi ba.

Mene ne wannan lasisin talabijin da ake ta aiko min da wasiƙarsa?

Kuɗin da ake gudanar da BBC da shi ne, shi ya sa ba ka ganin talla a tashoshinta na cikin gida, ITV kuwa da talla take ci. A 2025 fam 174.50 ne a shekara, ana iya biya wata-wata, kuma lasisi ɗaya ya ishi gida ɗaya. Dokar ita ce in kana kallon kowace tasha a daidai lokacin da take watsa shiri, a akwati ne ko a waya ko a kwamfuta, sai da lasisi, haka ma iPlayer, manhajar kallo ta BBC a intanet, ko da tsohon shiri ne. Tarar na iya kaiwa fam 1,000. In kuwa ba ka taɓa waɗannan, sai ka shiga shafinsu ka sanar cewa ba ka buƙata. Ɗalibai ku kula, mai ɗaki da yarjejeniyar haya tasa shi kaɗai nasa daban ne.

Ina Kano, ko Maradi, ko Kumasi. Ta yaya zan kalla?

iPlayer da ITVX, takwararta ta ITV, a rufe suke ga wanda ke wajen Birtaniya. Amma shirye-shiryen suna da shafukansu a YouTube da Facebook, suna ɗora wasannin ɗaya-ɗaya, kuma gaskiya ga mai lissafin data hakan ya fi, minti biyar ka ga naman ba sai ka sha romon awa biyu ba. A dai duba alamar shafin na asali ne, don akwai masu haɗa bidiyon ƙarya su liƙa fuskar alƙalai suna kuka a kan abin da bai taɓa faruwa ba, an sha turo min wai wani yaro ya musuluntar da Simon Cowell.

Ana iya zuwa a kalla ido da ido?

Ana iyawa, kuma yawancin na situdiyo kyauta ne, ka cike fom a intanet, na Strictly ƙuri'a ake yi saboda yawan masu nema, na gidan sarauta ne ake saye da tsada. Sai dai sukan raba tikiti fiye da kujeru don kada wuri ya yi gibi, saboda haka tikiti a hannu ba kujera ba ce, a je da wuri. A duba shekarun da aka yarda ma kafin a kwashi yara.

Sau ɗaya na je wani. Mun yi layi a yayyafi fiye da awa guda, da muka shiga wani ɗan barkwanci ya fito, aikinsa kawai ya ɗumama mu, ya ce mu tafa muka tafa, ya ce mu yi dariya kamar mun ji abin dariya muka yi, kyamara na ɗauka alhali ba a fara komai ba. Shirin awa ɗaya ya ci mana kusan huɗu, mai gabatarwa ya maimaita barkwanci ɗaya sau uku mu kuma muna sabunta dariya. Shawarata a yi sallah kafin a shiga, don in an rufe ƙofa fita sai da rakiya.

Duk tarihin nasu fes yake haka?

Ina fa. Daga 1958 har 1978 BBC na nuna The Black and White Minstrel Show a matsayin nishaɗin iyali, Turawa su shafa baƙin fenti a fuska su zana farin baki suna kwaikwayon baƙar fata, miliyoyi na kallo. Tun 1967 masu yaƙi da wariyar launi suka kai takardar koke amma sai da ya ƙara shekara 11. Lenny Henry, ɗan 'yan Jamaica da ya yi suna yana ɗan shekara 16 a gasar New Faces a 1975, an sa shi cikin masu yawo da wasan a gidajen kallo, daga baya ya sha faɗin nadamarsa. Shi ne kuma ya zo ya kafa gidauniyar Comic Relief tare da Richard Curtis a 1985.

Mafi muni shi ne Jimmy Savile, wanda ya shekara kusan 20 yana shirin cika wa yara burinsu a BBC. Sai bayan mutuwarsa a 2011 bincike ya nuna ya ci zarafin ɗaruruwan mutane, da yawansu yara. Tun daga nan aka ƙara tsaurara dokar kula da yara a wuraren ɗaukar shiri.

Har yanzu ana kallonsu kamar da, ko sun mutu?

Ba kamar da ba kam. Daren ƙarshe na Britain's Got Talent a 2009 ya tara sama da mutum miliyan 17, yanzu shiri ya samu rabin haka ma sai a yi ta murna, don yaro na ɗakinsa da TikTok, uwa na kan Netflix, uba na kallon ƙwallo a waya. The X Factor, shirin gasar waƙa da ya fito da mawaƙan One Direction, ya tsaya tun 2018, su Ant da Dec sun ajiye nasu kamar yadda na faɗa a sama.

Abin da tashoshin suka koma yi shi ne aro da tono. The Masked Singer da ITV ta fara a 2020 daga Koriya ta Kudu aka aro shi, sananne ya sa kayan dodo ya yi waƙa a yi ta cankar ko wane ne, yara na son shi ƙwarai. Sai Gladiators, wanda ITV ta yi daga 1992, John Fashanu tsohon ɗan ƙwallo da mahaifinsa ɗan Najeriya ne yana cikin masu gabatarwa a lokacin. BBC ta tono shi a Janairun 2024, ana ɗaukarsa a Sheffield, ƙarti na ture mutane daga kan dakali da sanduna masu katifa, kuma ya karɓu fiye da yadda aka zata, saboda yaran da suka kalle shi a wancan lokacin su ne iyayen yanzu, su ke jawo nasu 'ya'yan gaban akwatin. Masu gabatar da shi ma uba ne da ɗansa, Bradley Walsh da Barney.